Shahon Cikin Akwati

A tsakanin Kura da Bunkure, inda kanal ya karya kwana ya bi ta bayan wasu giginyu guda uku, akwai wata gonar shinkafa da aka fi saninta da kukanta fiye da shinkafarta. Gonar Malam Iliyasu ce. Duk wanda ya bi ta wurin da rana, a ƙafa ko a kan babur, sai ya ji shaho ya tsala kuka kamar a tsakiyar kansa. Baƙo yakan ɗaga kai ya duba sama, ya ga ba komai sai rana. 'Yan gari ko waiwaye ba sa yi, don sun san shahon a cikin akwati yake.

Akwatin bai fi kwanon tuwo girma ba. An ɗaure shi a kan wani dogon itace a tsakiyar gona, da faifan sola a kansa kamar malafa, da lasifika a ƙirjinsa. Surayya ce ta kawo shi, 'yar ƙanin Malam Iliyasu, wadda take aikin malamar gona a Kadawa. Dalilin kawo shi kuwa murya ce. A zamaninsa babu wanda ya kai Malam Iliyasu iya korar jan-baki. In ya hau rumfa ya cika ƙirji ya ce "Haaa!", har tsuntsayen gonaki uku na gaba sai sun tashi, shi ya sa mutane suke rububin yin noma a maƙwabtaka da shi. Shekara talatin da 'yan kai yana wannan ihu, ran nan ya buɗe baki sai ya ji abin da ya fito kamar ana jan buhu a kan siminti. Ya sha zuma, ya sha citta, ya sha wani abu da ba ya son tunawa, muryar ba ta dawo ba. Magana dai yana yi, amma ko tsuntsu ɗaya ba ya jin tsoronta.

Abin da ya fi burge shi a akwatin ba kukan ba ne, wayon ne. Jan-baki tsuntsu ne mai saurin gane mutum. In ka kafa masa mutum-mutumi, yau zai tsorata, gobe zai leƙo, jibi a kan hular zai sauka ya huta. To, akwatin ba ya bari a gane shi. Wani lokaci ya yi kukan shaho sau biyu a jere, wani lokaci ya yi ƙarar gwangwanaye, wani lokaci ya yi shiru har tsuntsaye su saki jiki, sannan ya fashe da kuka. Malam Iliyasu yakan zauna a inuwar giginya yana gwada cankar lokacin da zai yi, bai taɓa canka daidai ba. Ran da ya tambayi Surayya inda wayon yake zaune, sai ta buɗe bayan akwatin ta zaro wani ɗan memori irin na waya, bai kai farcen ƙaramin yatsa ba.

Ta ce, "Ga shi nan, Baffa. Da shahon, da gwangwanayen, da sanin lokacin yin shiru, duk a nan suke."

Ya yi kwanaki yana juya wannan magana a ransa. Abin da tururuwa biyu za su iya ja su kai rami, wai shi ne mai gadin gona guda.

Bana, a tsakiyar bazara, shinkafar rani ta fitar da kai, ƙwaya ta cika da madara. Wannan ne lokacin da jan-baki ya fi so. Ba ya ma wahalar ɓarewa, matse ƙwayar kawai yake yi da baki ya tsotse, ya bar wa mai gona ƙaiƙayi a tsaye. Kwana goma ake bukata ƙwayar ta yi tauri, kuma abincin gidan Malam Iliyasu na shekara guda a kan waɗannan zangarniyoyi yake.

Da safiyar Talata ya isa gona, ya yi wa akwatin sallama kamar yadda ya saba, ya zauna yana jira. Rana ta ɗago, shiru. Ya ce a ransa yau wayon ya yi yawa. Can sai ya hango wani baƙin abu daga wajen Bunkure kamar hayaƙi, yana lanƙwasa yana miƙewa, ya zo ya zuba a kusurwar gonar da ke gindin giginyu. Akwatin bai ce uffan ba.

Ya zaro waya ya kira Surayya.

"Baffa, ina Zariya fa, kwas aka turo mu, sai nan da mako biyu. Duba min 'yar fitilar da ke gefe. Tana ƙyaftawa ko ta tsaya?"

"Ta tsaya cak. Ja wur."

"To, memorin ne ya mutu. Zafin nan ne ya dafa shi. Ba abin tashin hankali ba ne."

"A Zariya ba abin tashin hankali ba ne. Nan kuwa ga baƙi sun sauka, ko sallama babu."

Ta yi dariya. Ta ce ya tafi Kura wurin Mudassiru mai turi ya sayi sabon memori, ita kuma za ta aika wa Mudassiru abin da za a zuba a ciki ta waya.

Kulu, matar Malam Iliyasu, ta ɗauko tsohon faranti da ludayin ƙarfe ta zo ta karɓi gadi. Ta ce, "Malam, ka je ka dawo. Ban ce ka je ka yi kallo ba." Ta san mijinta. Mutum ne da in an aike shi sayen gishiri ya gamu da kaza mai gashi a ƙafa, to ranar sai dai a sha miya lami.

Shagon Mudassiru yana kusa da tasha, tsakanin mai faci da mai sayar da irin albasa. Mutum ne ɗan shekara arba'in, mai tumbi da fara'a, aikinsa tura wa mutane waƙoƙi da karatu da finafinai a memori. Ɗan marigayi Dattijo mai awo ne, aminin Malam Iliyasu. Shi Dattijo har ya koma ga Allah ba a taɓa jin ya auna wa mutum hatsi ya sallame shi haka nan ba. In mudu ya cika ya yi tozo ya juye, sai ya sa hannu ya damƙo ya ƙara, ya ce, "Ga gyara." Ko rabin mudu ka saya sai ka sami gyaranka. Mudassiru bai gaji awo ba, amma ya gaji hannun. In ka ce ya tura maka waƙa goma, sai ka je gida ka tarar da goma sha uku. Akwai wani limami da ya kai memori a sa masa tafsiri, ya kunna a zaure gaban baƙi, tafsiri yana ƙarewa sai kiɗan kalangu ya ɓarke.

"Baba Iliyasu! Yau shaho ne ya aiko ka?"

"Shaho yana kwance ba lafiya. Kira 'yar'uwarka."

Mudassiru ya kira Surayya, ya ƙara muryar wayar ya ajiye ta a kan tebur yadda su biyun za su ji.

"Yaya Mudassiru, ka ga fayil ɗin da na aiko?"

"Na gani. Yanzu zan ja shi in jefa a memori, minti ɗaya an gama."

"To, ba haka ba ne. Wannan ba turi ba ne, filashin ne. In ka jefa shi kamar waƙa, zai je ya zauna ne kamar ɗaurarren buhu a tsakar ɗaki, akwatin kuma ba shi da hannun kwance buhu. Fayil ɗin hoton memorin ne gaba ɗaya, daga farkonsa har ƙarshensa. Akwai 'yar manhaja da na haɗo maka da shi. Ita za ta share memorin tas, ta yanka shi fangali-fangali kamar gonar albasa, ta sa kowane abu a gurbin da akwatin ya san zai same shi."

Malam Iliyasu ya gyaɗa kai. Maganar fangali ta shige shi.

Surayya ta ce, "Abu uku ne kawai. Ka nuna mata fayil, ka nuna mata memori, ka danna. Amma ka buɗe ido wajen na biyun, kada ka nuna mata babban rumbunka na waƙoƙi. Duk abin da ka nuna mata sharewa za ta yi, ba ta tambayar na wane ne."

Mudassiru ya dafe ƙirji. "Ke, rufa min asiri! Tarin shekara goma sha biyu?" Ya zare igiyar rumbun daga jikin kwamfuta, ya tura shi cikin durowa ya kulle, ya jefa makullin a aljihu.

"In ta gama rubutawa za ta sake bi ta duba, kada ka cire sai ta ce ta gama. Daga nan kuma... wayyo, malami ya shigo aji. Sai an jima."

Ta kashe wayar.

Mudassiru ya ɓare sabon memori, ya zura shi a gefen kwamfuta, ya nuna fayil, ya nuna memori, ya yi bismilla ya danna. Wani koren layi ya fara tafiya a kan gilashi, a hankali, kamar ruwan da aka saki yana bin kwari. Malam Iliyasu ya matso da kujera ya zuba masa ido. Tunani yake ta ina shahon yake fara shiga, ta kai ko ta wutsiya. Layin ya kai rabi ke nan sai ga wani adaidaita ya wuce ta ƙofar shago, da rago zaune a kujerar baya ya jingina kamar wani alhaji, mai ragon kuwa ya maƙale a gefe ƙafarsa ɗaya a waje.

Malam Iliyasu ya ce, "Ina zuwa."

Sai da ya raka ragon har tasha ya ga saukarsa. Da ya dawo, Mudassiru ya riga ya naɗe memorin a takarda.

"An gama, Baba. Har na ɗan kyautata shi."

Malam Iliyasu ya ɗauka daɗin bakin 'yan kasuwa ne. Ya sa masa albarka, ya hau babur ya koma gona. Ya buɗe bayan akwatin ya zura memori, ya ja da baya. Fitila ta kama, ja wur, ta tsaya cak.

Kulu tana daga bakin kanal tana dukan faranti, kafaɗarta ta sage. In ta kore su daga gabas sai su zuba a yamma, in ta zagayo sai su koma inda ta baro. Da la'asar Surayya ta ɗauki waya, ta ce wataƙila memorin jabu ne, sun yi yawa a kasuwa, gobe a gwada wani.

Ranar Laraba Mudassiru ya ji zafin kalmar jabu. Ya buɗe wata leda da ya ce ita ce ta manyan baƙi, ya zaro wani memori ya ɗaga shi a haske kamar mai duba zinare. Aka nuna fayil, aka nuna memori, aka danna. Malam Iliyasu ya naɗe ƙafa ya ce yau ko giwa ce ta wuce ba zai motsa ba. Giwa ba ta wuce ba. Mai irin albasa ne ya leƙo ya ce, "Malam, zo ka ga ikon Allah, tumatir mai hanci da mariƙi, sak buta." Malam Iliyasu ya ce bakin ƙofa kawai zai tsaya. Daga bakin ƙofa ba a ganin mariƙin sosai. Da ya dawo an naɗe memori a takarda.

Fitila ta sake kamawa ja wur.

A ranar jan-baki sun kira danginsu. Malam Iliyasu ya bi gefen fangali zuwa kusurwar giginyu, ya tarar da zangarniyoyin wurin sun yi fari sun miƙe tsaye ƙiƙam. Zangarniya mai ƙwaya sunkuyawa take yi, wadda ta miƙe babu komai a cikinta. Ya murza ɗaya a tafin hannu ya hura, duk ta tashi. Ya dubi sauran gonar, kore shar, ta fara rusunawa, ya lissafa kwanakin da suka rage ya ga takwas. A yadda tsuntsayen suke ƙaruwa, ko huɗu ba za ta kai ba. Ya hau tsohuwar rumfarsa, ya cika ƙirji kamar da, ya buɗe baki. Buhu ya ja a kan siminti. Wani ɗan jan-baki da ke kusa ya juyo ya dube shi, ya ci gaba da abin da yake yi.

Kulu ba ta yi masa dariya ba. Ta miƙa masa faranti, ita ta ɗauki galan.

Ita Kulu mace ce da ba ta yar da komai. Murfin kwalba, igiyar buhu, tsohon batir, duk suna da wurin zama a ɗakinta. Da safiyar Alhamis tana dama koko, ta tuna da memorin farko na shagon Mudassiru da ta tsinta a aljihun rigar Malam, sai ta zura shi a 'yar rediyonta mai cin memori, don ta ga irin mutuwar da ya yi. Malam Iliyasu yana ɗaura agogo zai fita sai ya ji tsakar gida ta ɗauki kiɗan biki, har da guɗa.

"Kulu, wannan fa daga ina?"

"Daga aljihunka. Wanda ka ce ya mutu. Ni dai ban taɓa ganin mamaci mai kiɗa haka ba."

Ya zaro na biyun daga ninkin hularsa ya miƙa mata. Ta zura. Wani mai barkwanci ya fara kwaikwayon kukan jaki.

Malam Iliyasu ya kira Surayya, ya kara wayar a jikin rediyo. Ta saurara, can sai ta tuntsire da dariya har tana tari.

"Baffa, tsakani da Allah, kana wurin lokacin da ya gama?"

Malam Iliyasu ya yi gyaran murya. Kulu ta ɗaga kai daga tukunyar koko.

"Kusa da wurin nake."

"To, rabin laifin nawa ne. Abin da zan faɗa ke nan malami ya shigo. In an gama filashin, kwamfuta ba ta iya karanta rubutun akwatin, sai ta ce ba ta gane memorin ba, a yi masa fomat, wato a wanke shi. A'a ake ce mata. In aka ce to, duk aikin ya tafi. Ka koma da na biyun, lafiyarsa ƙalau. Amma Baffa, ka zauna."

Kulu ta ce na farkon dai ya zama nata.

Malam Iliyasu ya tarar da Mudassiru yana share ƙofar shago. Bai bari sun gama gaisawa ba.

"Mudassiru, me ka zuba min a memori?"

"Abin da Surayya ta aiko, Baba."

"Sai kuma me?"

Mudassiru ya jingine tsintsiya ya sosa ƙeya. "Ai da ta gama, sai kwamfuta ta ce ba ta ga komai a ciki ba. Na duba da idona, wallahi fayau. Yaya za a yi aminin mahaifina ya taso tun daga gona, in naɗe masa abu fayau in ba shi? Sai na ce ta wanke shi, na mayar da fayil ɗin Surayya ciki, na ɗora maka 'yan waƙoƙi. Na ce kana zaune kai kaɗai a gindin giginya, in shaho ya huta ka ɗan ji nishaɗi. Jiya ma da na ga ranka a ɓace, sai na sa mai ban dariya."

"Wato shahon ka wanke."

"Gyara ne, Baba."

"Dattijo, Allah ya jiƙansa, in zai ba da gyara, zubar da mudun yake yi ya miƙa wa mutum damƙin kaɗai?"

Mai faci da ke jin su ya ajiye taya ya riƙe ciki. Da Malam Iliyasu ya gaya wa Mudassiru yadda kusurwar giginyu ta koma, fara'ar ta bar fuskarsa gaba ɗaya, ya shiga shago ya kunna kwamfuta.

Aka nuna fayil, aka nuna memori, aka danna. Koren layi ya kama hanya. Malam Iliyasu ya ja kujera har gwiwarsa tana taɓa ta Mudassiru.

Layin bai kai rabi ba sai hayaniya ta tashi a waje. Wani ya wuce da gudu yana cewa an kama tarwaɗa a babban kanal, fara fat kamar alli, idonta ja, tsawonta ya kai taɓarya. Mai faci ya bar taya a cikin ruwa ya bi. Mai irin albasa ya bar shago a buɗe. Har mai shayi ya wuce da butarsa a hannu. Malam Iliyasu shekara sittin da biyar yana zaune a bakin ruwan nan, bai taɓa ganin farar tarwaɗa ba, bai ma taɓa jin wanda ya gani ba. Yatsun ƙafarsa suka fara motsi a cikin takalmi.

Mudassiru ya ce, "Je ka gani, Baba, ina nan."

"Na san kana nan. Shi ya sa nake nan."

Layin ya kai ƙarshe, ya koma farko ya sake bi yana dubawa. A waje ana ta salati, wani yana rantsuwa wai har gashin bakinta fari ne. Malam Iliyasu ya kafa idonsa a kan gilashi kamar an ɗinke shi. Manhaja ta ce ta gama. Nan take wani ɗan rubutu ya faɗo a tsakiyar gilashin.

"Ga ta nan," in ji Mudassiru a hankali. "Tana tambaya a wanke."

Hannunsa yana kan linzamin kwamfuta. Gumi ya tsattsafo masa a goshi.

"Baba, ko guda ɗaya. 'Yar ƙarama ce, ba ta kai minti uku ba."

Malam Iliyasu ya kama wuyan hannunsa ya riƙe, irin riƙon da ake yi wa akuyar da ta ga ganye.

"Ce mata a'a."

Mudassiru ya runtse ido ɗaya ya danna. Rubutun ya ɓace. Ya zare memorin, ya naɗe shi a takarda yana kawar da kai, kamar wanda aka sa ya sallami baƙo ba ruwan sha. Sai kuma ya miƙe zumbur, ya ja ƙofar shago ya datse, ya tayar da babur ɗinsa.

"Hau, Baba. Ba zan iya zama ba sai na ji da kunnena."

Hanyarsu ta bi ta gefen taron masu kallon tarwaɗa. Malam Iliyasu ya juya fuska wajen injin casar shinkafa. Wutsiyar kawai ya gani, ita ma da gefen ido, kuma lalle fara ce.

Sun tarar da Kulu ta zauna a bakin kanal, faranti a cinya, hannu ya ƙi ɗaguwa. Jan-baki sun rufe rabin gonar, zangarniyoyi suna ta rawa a ƙarƙashinsu, ƙarar bakinsu kamar ana soya gyaɗa. Malam Iliyasu ya ratsa ruwa har gindin itacen, ya buɗe bayan akwatin, ya warware takarda, ya zura memorin. Fitila ta kama ja. Ta ƙyafta. Ta sake ƙyaftawa. Ta koma kore.

Shiru.

Mudassiru ya tsaya a kan gaɓa da wando a naɗe. "Baba, ya ƙi ne? Wallahi ban sa komai ba, kana gani."

Malam Iliyasu ya ɗaga masa hannu. Shekara biyu yana zaune da akwatin nan, ya san bambancin shirun mutuwa da shirun dabara.

Ya ce, "Wannan shirun nasa ne."

Bai rufe baki ba shaho ya tsala kuka. Gonar ta tashi sama gaba ɗaya, baƙi ƙirin, da wata irin ƙara kamar an yaye kwanon rufi. Garken ya lanƙwasa ya yi kamar zai dawo, sai gwangwanaye suka ɓarke, shaho ya ƙara sau biyu a jere. Suka miƙe suka nufi Bunkure. Kulu ta kife farantin a ƙasa ta ce alhamdu lillahi, ta ce kuma kada wanda ya sake yi mata maganar faranti sai baɗi.

Malam Iliyasu ya zagaya gonar a hankali yana taɓa zangarniyoyi. Kusurwar giginyu ta tafi, da wani zirin da ya bi bakin kanal. Sauran tana nan a sunkuye, da nauyinta. Ya matse ƙwaya ɗaya, madara ta fito fara a kan farcensa.

Da ya dawo sai ya ga Mudassiru yana ta kai-kawo a kan gaɓa, yana shafa aljihu, yana duba babur, kamar wanda ya manta wani abu.

"Me kuma?"

"Baba, ban ba ka komai ba fa. Abin da ka zo nema kawai ka samu."

Kafin a ba shi amsa ya tattare riga ya kama tsanin tsohuwar rumfa. Rumfar ta yi ƙara, ta karkata, ta haƙura. Wasu 'yan jan-baki biyar da suka maƙale a kan giginya suna jiran abin da zai faru suka zuba masa ido. Mudassiru ya cika tumbi da iska ya ce, "Haaa!"

Uku suka tashi. Biyu suka zauna.

Kulu ta rufe baki da gefen mayafi. Malam Iliyasu ya dubi biyun da suka rage, ya dubi ɗan amininsa a kan rumfa yana haki.

Ya ce, "Na karɓa. Sauko kafin ka karya min rumfa."

Ya koma inuwar giginya ya zauna, ya miƙe ƙafa, ya zuba wa akwatin ido. Ya ce a ransa yanzu zai yi. Akwatin ya yi shiru. Ya ce to, sai an jima ke nan, ya sa hannu a aljihu zai ɗauko goro, sai shaho ya tsala kuka.